Daga Dalar Masar zuwa Kufan Surame: Tambayoyi da Amsoshi kan Wuraren Tarihi na Duniya

Ina koyar da tarihi a wata makarantar sakandare a Argungu. Tambayoyin da ke ƙasa wasu daga aji suka fito, wasu daga majalisar bayan la'asar, wasu kuma an turo mini su ta WhatsApp tare da hoton wani gini ana cewa, "Malam, wannan gaskiya ne?" Na tattara waɗanda suka fi maimaituwa na amsa su wuri guda.

Su wa suka yanke cewa abubuwan al'ajabi na duniya bakwai ne?

Jeri biyu ne, mutane na haɗa su. Na farko tsohon jeri ne da matafiya da marubutan Girka suka yi fiye da shekara 2,000 da suka wuce, kuma iyakar abin da ke kewayen Bahar Rum da Iraƙi ta yau suka lissafa, don nan ne ƙafarsu ta kai. A cikin bakwai ɗin nan, babbar dalar Giza ce kaɗai take tsaye har yau. Sauran girgizar ƙasa da gobara da hannun mutane sun gama da su.

Na biyu sabo ne. Wata gidauniya mai zaman kanta a Suwizalan ta shirya ƙuri'a ta waya da intanet, aka sanar da sakamako a Lisbon ranar 7 ga Yuli, 2007: Ganuwar Sin, Petra a Jodan, Taj Mahal a Indiya, filin wasan Kolosiyam a birnin Rum, Macu Picu a Peru, Cicen Itza a Meziko, da mutum-mutumin da ke kan dutse a Riyo ta Brazil. Hukumar UNESCO, mai kula da ilimi da al'adu ta Majalisar Ɗinkin Duniya, ba ta da hannu a wannan zaɓe. Ƙuri'a ce ta wanda ke da waya da intanet a wancan lokaci, shi ya sa ba na mamakin da babu wuri ko ɗaya daga Afirka ta kudu da Sahara.

Da gaske mutane ne suka gina dalar Masar, ba aljanu ba?

Wannan tambaya ba ta taɓa tsallake shekara ba a ajina. Mutane ne, kuma sun bar sawu.

An gina babbar dalar don ta zama kushewar wani sarki mai suna Kufu, wajen shekara 4,500 da suka wuce. Tsayinta na asali ya kai mita 146, yanzu ya ragu zuwa kamar 138 saboda an ɓamɓare farin dutsen da aka lulluɓe ta da shi, kanta ma ya tafi. Duwatsun da ke jikinta ana ƙiyasta su miliyan 2 da dubu 300, matsakaicin nauyin kowanne kamar tan biyu da rabi. Ga manomin Kebbi lissafin mai sauƙi ne: dutse ɗaya buhun shinkafa 50 ke nan mai kilo 50. Ta shafe fiye da shekara 3,800 babu wani ginin ɗan Adam da ya fi ta tsawo.

To ina sawun? Masu haƙar tarihi sun gano garin da ma'aikatan suka zauna kusa da dalar, da wuraren gasa burodi, da tarin ƙasusuwan shanu da tumakin da aka yanka musu. A 1990 aka gano maƙabartarsu, an binne su da mutunci kusa da aikin da suka yi, wasu har da alamar karayar da aka ɗora ta warke. A 2013 kuma, a gaɓar Bahar Maliya, aka samo rubutun wani shugaban ma'aikata mai suna Merer, yana lissafa kwanakin da shi da mutanensa suka yi suna dakon farin dutse a jirgin ruwa daga mahaƙar Tura zuwa Giza. Manyan duwatsun ɗakin sarki kuwa daga Aswan aka kawo su ta kogin Nilu, tafiyar wajen kilomita 800. Duk wanda ya ga yadda ake loda jirgin ruwa a Yawuri ya san abin da ruwa ke iya ɗauka wanda jaki da raƙumi ba za su iya ba.

Ina jin zafin maganar aljanun nan, don kuwa ƙwace wa ma'aikaci guminsa ne. Dubban mutane sun yi shekara wajen 20 suna sara da ja da ɗorawa, sai mu zo mu ba wani ladan aikin.

Fir'aunan zamanin Annabi Musa ne ya gina ta?

Fir'auna sarauta ce, sarakuna da yawa sun riƙe ta. Zamanin da masana da dama ke dangantawa da Annabi Musa, alaihis salam, ya zo bayan Kufu da fiye da shekara 1,000. A lokacin ma sarakunan Masar sun daina gina dala, sun koma haƙa kushewa a cikin duwatsu kusa da Luksor.

Masar kaɗai ke da dala?

Sudan ta fi Masar yawan dala. Sarakunan Kush sun gina fiye da 200 a Meroe da Nuri da wasu wuraren, ƙanana ne masu tsini. Alhazanmu na dā da suka bi ta ƙasa zuwa Makka sun ratsa ƙasar da suke. Akwai wasu kuma a Meziko da Guwatemala. Kalmar ma ba baƙuwa ba ce a wurinmu, tun zamanin dalar gyaɗa ta Kano.

Wai ana hango Ganuwar Sin daga duniyar wata?

A'a. Doguwa ce amma siririya, kuma launinta ya saje da ƙasar da take kai. Wannan magana ta yaɗu tun kafin wani ya je wata.

Abin da ya fi wannan ban sha'awa shi ne ba ganuwa ɗaya ba ce. Ganuwoyi ne da dauloli daban-daban suka gina cikin shekara kusan 2,000 don tare mahayan arewa. Sarkin da ya haɗe ƙasar Sin a shekara ta 221 kafin Miladiyya ya sa aka haɗa waɗanda ya tarar. Ta dutse da jan bulo da ake gani a hotuna aikin daular Ming ce, wadda ta yi mulki daga 1368 zuwa 1644. Da gwamnatin Sin ta auna duka rassan, ta sanar a 2012 cewa sun kai kilomita 21,196, wato kamar ka yi Birnin Kebbi zuwa Sakkwato wajen sau 140. Sassa masu yawa, musamman a yammaci, da ƙasa aka daddale su, kuma suna zaizayewa kamar yadda ganuwar Kano ke yi. Magina na zamanin Ming sukan haɗa kunun shinkafa mai danƙo da farar ƙasa su ɗaure bulo da shi. Namu maginan makuba suke sa wa gini, daga ɓawon ɗorawa. Dabarar iri ɗaya ce, kowa da abin da gonarsa ta ba shi.

Taj Mahal masallaci ne?

Hubbare ne. Sarki Shah Jahan na daular Mughal ya gina shi a Agra, a bakin kogin Yamuna, don matarsa Mumtaz Mahal da ta rasu wajen haihuwa a 1631. An fara aikin a 1632, aka kammala harabar gaba ɗaya wajen 1653. Shi ma da ya rasu nan aka binne shi kusa da ita. Akwai masallaci na jan dutse a gefen yamma na harabar, ana sallar Juma'a a cikinsa, kuma ranar Juma'a ba a buɗe wurin ga 'yan yawon buɗe ido. Ƙubbar da hasumiyoyi huɗu da ayoyin da aka zana a jikin farin dutsen su ne ke sa a ɗauka masallaci ne.

Mai ƙubbar zinariya da muke gani a hoto shi ne Masallacin Ƙudus?

Mai ƙubbar zinariya sunansa Ƙubbatus Sahra, Halifa Abdulmalik ɗan Marwan ya gina shi wajen shekara ta 691, yana cikin gine-ginen Musulunci mafi daɗewa da suke tsaye. Akwai wani gini a kudancinsa mai ƙubba launin toka, inda liman ke tsayawa. Dukkansu suna cikin haraba ɗaya, kuma harabar gaba ɗayanta ake kira Al-Aƙsa.

Tunda an taɓo wannan, a ƙara da Andalus. A Sifaniya akwai babban masallacin Ƙurɗuba da aka fara a 785, wanda ya koma coci a 1236, da fadar Alhamra a Garnaɗa, wadda ta fita daga hannun Musulmi a 1492. A Santambul labarin ya juya: Aya Sofiya coci ce da aka kammala a 537, ta zama masallaci a 1453, aka mayar da ita gidan tarihi a zamanin shugaban Turkiyya Ataturk, sannan ta koma masallaci a 2020.

Ginin ƙasa irin namu zai iya shiga sahun waɗannan?

Ya riga ya shiga, kuma a nan nake so mai karatu ya ɗan tsaya.

Masallacin Jenne a Mali shi ne ginin ƙasa mafi girma a duniya. Wanda ke tsaye yanzu an gina shi a 1907 a kan kufan na dā. Itatuwan giginya da ke leƙowa daga bangonsa ba don ado kaɗai aka sa su ba, matakala ce ta dindindin. Kowace shekara kafin damina mutanen garin sukan yi gayya: a jiƙa laka ta kwana da kwanaki, samari su yi ta gudu da ita a kwando, mata su kawo ruwa, magina su hau su yi yaɓe, a gama cikin yini. In aka bar wannan gayya na 'yan shekaru, masallacin zai narke. Ginin dutse yakan jure a manta da shi, ginin ƙasa kuwa sai da hannun da zai dawo masa duk shekara. Kowane mai gidan ƙasa a Kamba ko Bunza ya san haka tun bai ji sunan Jenne ba.

A Tambutu akwai masallacin Jingarebar da Mansa Musa ya sa aka gina a 1327, bayan ya dawo daga hajjinsa na 1324. A Gawo akwai kushewar Askiya Muhammadu, sarkin Songhai, ginin ƙasa mai siffar dala, ta 1495. Wannan Askiya ba baƙo ba ne a tarihinmu, don shi ne Kanta na Kabi ya yi wa tawaye bayan yaƙin Azbin. A Agadas kuma hasumiyar masallaci ta kai mita 27, da ƙasa zalla, kuma tsohon garin ya shiga jerin UNESCO a 2013. Da Hausa za ka yi ciniki a gindin wannan hasumiya.

Mene ne wannan jeri na UNESCO, kuma yaya wuri ke shiga?

Abin ya samo tushe daga Masar. Da za a gina madatsar ruwa ta Aswan, aka ga ruwa zai cinye wuraren bauta na Abu Simbel. Ƙasashe suka haɗa kuɗi da injiniyoyi, tsakanin 1964 da 1968 aka yanka ginin gunduwa-gunduwa, aka ɗaga shi mita 65 zuwa sama, aka sake harhaɗa shi. Daga nan aka ga akwai wuraren da asararsu ta kowa ce, aka ƙulla yarjejeniya a 1972. Yau jerin ya haura wurare 1,200, Italiya ce ke kan gaba, Sin na biye.

Hukumar ba ta yawo tana neman wurare. Ƙasa ce ke fara sa wurin a jerin jiran gado, sannan ta haɗa cikakken bayani: taswira, iyaka, tarihin wurin, dokar da ke kare shi, da tsarin kula da shi. Ƙwararru su zo su duba, kwamiti ya yanke. Kuma ana iya cire wuri in an ɓata shi, kamar yadda aka yi wa Dresden a Jamus a 2009 da Liverpool a Ingila a 2021.

Nijeriya ta shigar da Sukur a Adamawa a 1999, da dajin Osun a Osogbo a 2005.

Ba bikin kamun kifi na Argungu ma yana ciki ba?

Yana cikin wani jeri daban, na al'adun da ake yi a aikace, ba na gine-gine ba. An sa shi a 2016. Bikin a siffarsa ta yanzu ya faro ne a 1934, lokacin da Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya kawo ziyara Argungu, bayan doguwar gaba tsakanin Kabi da Sakkwato. Wannan shi ne abin da duniya ta san mu da shi: dubban masunta da gora da homa suna afka wa kogin Matan Fada.

To mu a Kabi da Zamfara, wane wurin tarihi muke da shi?

Na farko Surame. Birnin da Muhammadu Kanta ya kafa ne a farkon ƙarni na 16, cibiyar daular da ta tsaya wa Songhai da Barno. Yanzu kufan yana cikin ƙaramar hukumar Binji ta jihar Sakkwato, amma tarihinsa na Kabawa ne. Abin da ya bambanta shi da yawancin biranen ƙasar Hausa shi ne an sa dutse a ganuwarsa, shi ya sa har yau ake ganin layinta da gurbin ƙofofi, duk da an tashi daga birnin wajen shekara 300 da suka wuce. Akwai labarin baka da ake bayarwa cewa Nufawa sun makara zuwa aikin ganuwar, sai Kanta ya sa suka kwaɓa ƙasarsu da man kaɗe maimakon ruwa. Ko yaya aka yi, labarin yana nuna nisan inda umarninsa ke kaiwa. Gwamnatin Nijeriya ta ayyana Surame a matsayin wurin tarihi na ƙasa a 1964, kuma yana jerin jiran gadon UNESCO tun 2007.

Na biyu gidan tarihi na Kanta a nan Argungu. Tsohuwar fada ce, sarakuna sun zauna a ciki har 1942, aka buɗe ta ga jama'a a 1958. Akwai makamai da tambura da sulke da kayan kamun kifi, kuma a nan ake binne sarakunan Kabi.

Sai Gwandu, inda hubbaren Malam Abdullahi ɗan Fodiyo yake, da filin Alwasa inda aka gwabza a yaƙin jihadi a 1805. A ƙasar Zamfara ta tarihi akwai kufan Birnin Zamfara, tsohuwar hedikwatar da Gobirawa suka ci a ƙarni na 18, da dutsen Kwatarkwashi kusa da Gusau.

Me ya sa duniya ta san Macu Picu amma ba ta san Surame ba?

Macu Picu gari ne na daular Inka, na ƙarni na 15, a kan tsauni mai tsayin mita 2,430. Tazarar shekarunsa da Surame ba ta kai ƙarni guda ba. Shi ma an watse an bar shi daji ya rufe, manoman yankin kaɗai suka san da shi, har 1911 da wani Ba'amurke ya je ya ɗauki hotuna ya yaɗa. Daga nan aka share, aka auna, aka rubuta, aka yi hanya, aka sa masu gadi. Haka aka yi wa kufan Zimbabwe, ginin dutse da ba a sa komai tsakanin duwatsunsa ba, wanda Turawan mulkin mallaka suka daɗe suna musun cewa baƙar fata ne suka gina shi. Yau ƙasar gaba ɗaya sunansa take amsawa.

Ban ce Surame ya kai su kyan gani ba, don bai kai ba, mafi yawansa ya kwanta. Amma abin da aka yi musu ba a yi masa ba. Nakan tambayi ɗaliban aji ɗaya wa ya san Hasumiyar Ifel ta Paris, wadda aka gina a 1889, sai kusan kowa ya ɗaga hannu. In na ce Surame, sai a yi tsit, alhali wasunsu kirarin Kanta ake yi wa gidajensu. Laifin ba na yaran ba ne. Mu manya ne ba mu kai su ba.

Me ya fi lalata wuraren tarihi?

Wanda ake gani a labarai shi ne yaƙi da gobara: manyan gumakan Bamiyan a Afganistan a 2001, hubbarorin waliyyai a Tambutu a 2012, Palmira a Siriya a 2015, cocin Notar Dam ta Paris da ta ƙone a 2019 aka sake buɗe ta a Disamban 2024. A kan Tambutu, kotun duniya da ke Hague ta ɗaure Ahmad al-Faƙi al-Mahdi shekara 9 a 2016, kuma maginan garin ne suka sake gina hubbarorin da hannunsu. Akwai kuma wawaso, irin wanda sojojin Ingila suka yi wa fadar Benin a 1897. Jamus ta fara mayar da nata kason a 2022.

Amma wanda ya fi cin namu ba ya shiga labarai. Ruwan damina ne a kan bangon da ba a yaɓe ba, da mai buga tubali da ke ɗibar ƙasar ganuwa, da gonar da ke matsawa taki ɗaya kowace shekara, da mai neman tukunyar dukiya da ke tona kufai cikin dare. Na taɓa kai ɗalibai wani gari don su ga ragowar ganuwar da na gani da idona ina yaro, muka tarar an baje ta an yanka filaye. Na tsaya ina nuna musu da hannu inda take a dā.

Ya halatta Musulmi ya ziyarci irin waɗannan wurare?

Hukunci na malamai ne, a tambaye su. Ta fuskar tarihi dai, Alƙur'ani ya yi umarni a wurare da dama da a yi tafiya a bayan ƙasa a duba yadda ƙarshen waɗanda suka gabata ya kasance. Kuma da Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, ya bi ta Hijir, garin Samudawa, a hanyar Tabuka, ya hana sahabbai shiga sai suna masu kuka, ya kuma gaggauta wucewa. Wannan wuri shi ne Mada'in Salih, wanda ya zama na farko da Saudiyya ta shigar jerin UNESCO, a 2008.

Ba ni da kuɗin jirgi. Daga ina zan fara?

Daga Argungu, in kana Kebbi. Ka ware safiya guda ka shiga gidan Kanta, ka nemi mai yi wa baƙi bayani, kada ka yi sauri. Wata rana ka je Gwandu. In ka samu zuwa Sakkwato ka shiga Hubbaren Shehu, in Katsina ce ka ga hasumiyar Gobarau, in Daura ce rijiyar Kusugu, in Kano ce Gidan Makama da dutsen Dala. Surame da kufan Zamfara kuwa suna cikin daji, kuma kowa ya san halin da hanyoyinmu ke ciki a shekarun nan. Kada ka kama hanya sai ka tambayi mutanen yankin, ka bi ta hannun hakimi ko mai gari, ka tafi da rana ka dawo da rana, kuma lokacin rani ya fi, sa'ad da ciyawa ta kwanta ana ganin layin ganuwa.

Ka tafi da yaranka. Kada ka ɗauko ko tsingaro daga kufai, don inda abu yake kwance shi ke gaya wa mai bincike shekarunsa. In ka tarar da dattijon da ya san sunayen ƙofofin garin da wanda ya gina su, ka gaishe shi ka zauna, ka nemi izininsa ka naɗi muryarsa a wayarka, ka rubuta sunan garin da ranar da kuka yi hirar.